Tsohon da Na'ura Ta Ƙi Yatsunsa

A ofishin sabunta katin shaidar iyalan soja a Birnin Kebbi, wani tsoho yana zaune gabana, yana riƙe da tsohon katinsa cikin leda. Dogo ne siriri, rigarsa ta sha guga, amma wuyanta ya fara zarewa. Tafin hannunsa duk kanta. Ina jin masunci ne daga Argungu, irin waɗanda igiyar taru ta cinye wa zanen yatsu.

Wata ma'aikaciya tana ɗora yatsunsa kan na'urar ɗaukar zanen yatsu ɗaya bayan ɗaya, na'urar tana ƙin karɓa.

Ta ce, "Baba, ɗanka ne sojan?"

Ya ce, "Ɗiyata ta, Kausar. Watanta tara a Borno. Jikokina suna bariki, in babu katin ga ba a bari in shiga in gane su."

Ya goge hannu a riga, ya sake miƙawa, leɓensa na motsi da addu'a. Sai a kan ƙaramin yatsan hagu na'urar ta yi ƙara, ta karɓa.

Ya dubi yatsan, ya yi dariya har idonsa ya kawo ruwa. "Wanga malalaci na, bai aikin komi. Ashe yau ta ranatai."