Babban Yatsan Kakana

Jiya ɗana ya kunna wani tsohon wasa a waya. Ƙarar harbin na fitowa, sai ga ni ina yarinya a ɗakinmu na unguwar Bagdadiyya a Jidda, lokacin zafi, na'urar sanyaya ɗaki tana ɗiga a bokiti, gumi ya manne wa kowa a wuya.

Wasan na wani ɗan jirgin sama ne mai tafiya daga hagu zuwa dama, abokan gaba suna ta tahowa. Abin dannawa ɗaya gare mu, don haka muka raba aiki da kakana: ni tuƙi, shi harbi. Ya yi shekaru yana dako a tashar jiragen ruwa, har aka kawo injinan ɗaga kaya aka ce ya je ya huta. Babban yatsansa duk kanta, yana danna maɓallin kamar zai huda shi.

Kada ku ɗauka wasa ne kawai. A Jidda aka haife ni, ina jin Hausa amma bakina ya fi sakewa da Larabci, shi kuwa Larabcinsa na tasha ne. Idan mun gaisa, shi ke nan, sai shiru. A gaban talabijin ne kaɗai muke da hira.

"Sama, amarya, sama! Wa ya ba ki tuƙi?"

"Yalla, Kaka, harba!"

Sai yayana ya ba wani ɗan maƙwabta kaset ɗinmu, ya karɓo kashi na biyu na wasan. Unguwa ta ɗauka. Takalman yara suka cika ƙofarmu, ana ta yabon launi da kiɗa da dodo mai kai uku. Manyan samari sun yi gunagunin ya cika sauƙi, ba wanda ya kula su. Abin da aka fi yabo shi ne jirgin da kansa yake harbi.

Bayan la'asar Kaka ya zo ya zauna a wurinsa, ya miƙo yatsa. Ko kallonsa ban yi ba.

"Wannan ba ya son mai harbi, Kaka."

Ya daɗe yana kallon allon. "To, halas, shi ke nan. Nan ma an kawo inji."

Yara suka kwashe da dariya, har da ni. Shi ma ya murmusa, ya ɗauki carbinsa ya fita. Bai sake zama a wurin ba.

Cikin mako biyu wasan ya gundure ni. Da na je neman tsohon kaset, maƙwabtan sun koma Nijar da shi, iƙamarsu, wato takardar izinin zama, ta ƙare. Kafin zafi ya zagayo Kaka ya rasu, hirarmu ba ta dawo ba. Har yau dariyar nan tana ci mini rai.

Jiya na matsa kusa da ɗana na ce, "Kai ka tuƙa, ni in harba."

Da Larabci ya amsa, bai ɗago ba: "Mama, da kansa yake harbi."

Ban tashi ba. Na ɗora yatsana kusa da nasa, na ce, "Sama, yaro, sama."