Rukuni na Shida a Aji Uku

'Yan'uwa, abin da na gani a ajina yau, har yanzu jikina a sanyaye yake!

Ina koya wa 'yan aji uku rabawa. Na rubuta talatin a raba biyar a allo. Na ce, "Ku talatin ne a ajin nan. Ku tsaya biyar-biyar, mu ga rukuni nawa za mu samu."

Suka tashi. Na ƙirga. Rukuni biyar! Wayyo, ashe na manta. Yara biyar ba su dawo ba tun da aka kai hari ƙauyensu.

Na ɗauki dasta zan canja lambar. Sai Rifkatu, monitar aji, ta ce, "Anti, kar ki goge. Amsa shida ne."

Na ce, "Ina na shidan?"

Ta buɗe kabad, ta kwaso littattafan yaran nan biyar, ta jera su a ƙasa. Yara suka ƙirga da ƙarfi, har shida!

Ana haka hedimasta ya kira ni waje. Ya yi ƙasa da murya ya ce, "Malama Alheri, yanzu fasto ya buga mini waya. Huɗu daga cikin yaran nan biyar suna Sabon Tasha wurin dangi. Ta biyar ɗin kuwa, Godiya, an binne ta tun ranar Asabar. Kar ki faɗa musu tukuna."

Yesu! Na koma ciki.

Rifkatu ta ce, "Anti, mun ci?"

Na ce, "Kun ci." Na juya wajen allo don kar su ga fuskata.