Muryar da ke Fitowa daga Gidan Haliru

Haliru mai faci maƙwabcina ne a Sanyinna, katanga ɗaya ta raba mu. Kakarsa ce ta raine shi, ya tashi a gindin dutsen niƙanta yana jin waƙoƙin dā. Mutum ne marar magana, ni kuwa ban cika yarda da shiru-shiru ba.

Shekara uku da suka wuce, wata mawaƙiya da ake kira Yelwa ta cika wayoyin mutane, tana rera tsofaffin waƙoƙin niƙa, har da na fim. Ba wanda ya taɓa ganin fuskarta. Ni dai da hantsi nakan ji wannan muryar sak ta bayan katangata, siririya, mai daɗi har ta ba ka haushi. Ga Haliru duk wata sai ya tafi Sakkwato. Na ce lallai matarsa Rukayya yake ɗauka a waya yana kai wa 'yan fim. Bakina bai iya riƙe magana, ranar kasuwa na tsegunta wa mahaifinta, Malam Sambo na Kebbe.

Washegari ya iso a kan babur da ƙannensa biyu, ya ce ɗiyarsa ya zo ɗauka. Aka zauna a zaure, aka kira ni shaida.

Haliru ya ce, "Baba, ba ita ba ce."

Malam Sambo ya ce, "To wa? Mace nawa gare ka?"

Haliru ya rufe ido ya buɗe baki, sai ga Yelwa a zauren, daga maƙogwaron ƙato mai gemu. Wallahi tsigar jikina ta tashi, kunya ta rufe ni. Ƙannen suka ɗan ja baya, ɗaya yana karanto addu'a ƙasa-ƙasa.

Da Haliru ya gama waƙar ya ce, "Haka Allah Ya yi ni. A Sakkwato an nuna mini wani mutumin Japan, shi ma da irin wagga murya yake waƙoƙin Turawan dā da na fim, kuma girmama shi ake."

Malam Sambo ya miƙe ya kaɗe rigarsa. "Ɗiyata ta wanku, na gode. Da ita ce, faɗa zan yi mata in bar ta ɗakinta. Amma kai, mi zan ce ma mutanen Kebbe?"

Ya leƙa cikin gida ya ce wa Rukayya ta ɗauko mayafinta.