Malama Rakiya, Ɗalibar da Ta Gyara Mini Turanci a Gaban Jama'a

Ina tsaye a bakin kasuwar Jahun da hantsi, ina jiran adaidaita sahu, sai abokin aikina Malam Isa ya kira ni a waya. Ya ce Malama Rakiya ta rasu a Dutse bayan jinyar kwana huɗu, za a yi jana'iza a unguwar Yalwawa bayan azahar. Na ce daga Allah muke, gare Shi za mu koma. Kunya ce ta fara kama ni kafin baƙin ciki, domin a duk waɗanda za su tsaya a sahun sallarta babu wanda ya ƙi ta kamar ni.

Ni na koya mata Turanci a aji huɗu na firamare. Ta yi gaba da karatu, ni kuwa ina nan inda ta bar ni. Da aka ce malamin Turanci ba zai sami ƙarin girma ba sai ya ci jarrabawar nahawu, aka tara mu a Dutse bitar mako uku. Wadda ta shigo da alli a hannu Rakiya ce. Ta rusuna ta gaishe ni a gaban kowa, na amsa da ƙyar.

Rana ta uku ta ce a mayar da jimlar nan Turanci: "Da na sani, da na zo." Na tashi na rubuta a allo yadda na saba koyarwa shekara da shekaru. Ta duba, ta ja layi a ƙarƙashin kalma biyu.

"Malam, a gafarce ni, akwai gyara. Wannan da kuka rubuta ta abin da ake sa ran zai faru ce, ba ta abin da ya riga ya wuce ba."

Na ce, "Ke, a hannuna kika koyi Turancin nan."

"Haka ne, Malam. Kuma haka kuka koya mini ita. Sai da na faɗi jarrabawa a kanta sannan na gane."

Sai wani ya yi dariya daga bayan aji. Tun daga ranar ban sake kiran ta Malama ba, sai "yarinyar nan". Ni na rubuta takardar ƙorafi zuwa ofishin da ya turo ta, na ce ba ta da ladabi, tana wulaƙanta manya. Na bi malamai ɗaya bayan ɗaya suka sa hannu. Aka janye ta, aka kawo wani mai karanta mana littafi yana hamma. Na shiga jarrabawa, na faɗi.

Ba zan yi mata yabon ƙarya ba don ta mutu. Tana da kaifin harshe, ba ta iya zagaye magana ba. Har yau ina ganin da ta jira an tashi ta faɗa mini a gefe, da ya fi. Na taɓa gaya mata haka, ta ce, "Kuskuren da aka rubuta a allo, a allo ake goge shi. Duk ajin sun riga sun kwafa."

Da sakamako ya fito, ta aiko cewa waɗanda za su sake zama su zo gidanta duk Asabar da safe. Na ce ko sama da ƙasa za su haɗe ba zan je ba. Sai da na ga yaran da na koyar sun zama shugabannina a wurin aiki, sannan na hau motar Dutse ina cin magani. Ta fito da kujera ta ajiye mini, sauran suna kan tabarma. Sannan ta ce:

"Malam, na ga takardar. Rubutunku ba zai ɓace mini ba ko cikin dubu. Akwai kuskure uku a ciki, in kun yarda mu fara da su."

Na miƙe zan fita, Malam Isa ya riƙe mini gefen riga. Na koma na zauna, da kurakuran nan uku muka fara. Wata biyu ina zuwa, kullum ni take fara miƙa wa shayi, kuma kullum takardata ta fi ta kowa jan biro. Ba ta taɓa ƙara mini maki ɗaya don furfurata ba. Takan ce, "Mai duba jarrabawa bai san shekarun kowa ba." Ni kuwa ban taɓa yi mata murmushi ba.

Na ci jarrabawar a karo na biyu. Ban je godiya ba. Saƙon waya na tura mata, kalma biyu: "Na ci." Ta amsa da addu'a mai tsawo. Na riƙa cewa bayan Salla zan je.

A wurin ta'aziyya na ga waɗanda suka sa hannu a takardar nan sun fi kowa ɗaga murya, suna cewa ba a taɓa yin malama kamarta ba. Raina ya ɓaci da su, ko da yake ni na kai musu biron. Da na isa gaban mijinta, ya tashi ya riƙe hannuna, ya ce wa na kusa da shi, "Wannan malaminta ne." Na ce na zalunce ta, na faɗa masa abin da na rubuta. Ya ce, "Malam, ba ta taɓa ambaton wata takarda a gidan nan ba."

Ya Allah, Ka jiƙan Rakiya, Ka yalwata kabarinta, Ka sa abin da ta koyar ya zama mata sadaka mai gudana. Ka ba mijinta da 'ya'yanta uku haƙuri, Ka raya su a kan gaskiya irin ta uwarsu. Haƙƙinta da ke wuyana kuma, wanda ban nemi gafararsa ba tana raye, Ka sa ta yafe mini ranar da za mu tsaya a gabanKa. Amin.