Ranar da Mai Rikoda Ya Zo Madalla

Mun tare a Madalla a shekarun casa'in, lokacin da ma'aikatu ke ta ƙaura zuwa Abuja. Maigidana yakan bi motar safe ya tafi ofis, ni kuma ina koyarwa a wata firamare. Abin da ya fi ɗebe mini kewar gida shi ne wata tashar waƙoƙin Kirista da muke kamawa a gajeren zango da la'asar. Daga wata ƙasa mai nisa ake watso ta, amma a nan Arewa ake haɗa shirye-shiryen Hausa. Wani lokaci muryar takan yi ƙasa kamar za ta nutse, sai an juya eriya ta dawo.

Wata Lahadi fasto ya sanar cewa tashar za ta aiko mutum ya ɗauki waƙoƙin zumuntar matan cocinmu. Ni ce sakatariyar zumunta a lokacin, ni ke rubuta waƙoƙi a littafi, kuma ina ji da Hausata. Sati uku muka yi muna gwaji, ina gyara wa mata lafazi kamar 'yan ajina.

Akwai wata tsohuwa 'yar Gbagyi a cikinmu, mai sayar da doya, wadda ke tahowa a ƙasa daga wani ƙauye bayan Gauraka. Muryarta ƙatuwa ce, da kaushi, Hausarta kuma a karkace. Na ji tsoro kada ta ba mu kunya a rediyo. Na ja ta gefe na ce, "Mama, ranar ɗauka ki riƙe mana tulu kawai. Babu mai buga shi kamarki." Ta dube ni, ta ce, "To, Malama."

Mutumin ya iso ranar Asabar da hantsi. Na zaci zan ga wani mai kwat da mota. Sai ga gajeren dattijo ya sauko daga bas, da akwatin ƙarfe a ka, batirin mota a hannu. Ya roƙi zannuwa muka rataya a tagogi saboda ƙarar motocin hanya. Yana haɗa wayoyi yana ba mu labarin tashar. Ya ce da farko waƙoƙin littafi kaɗai ake sawa, waɗanda aka fassara daga Turanci, ana rera su a hankali da molon Turawa. Shi yana sharar ɗakin ɗaukar murya ne ya koyi aikin. Ranar da ya fara kawo faifan mata masu tulu da caki, wasu manyan coci suka ce kiɗan bukin ƙauye ne, bai dace da sunan Ubangiji ba. Aka yarda a gwada sau ɗaya. Wasiƙun masu sauraro da suka biyo baya su suka rufe maganar. Tun daga nan yake yawo gari gari da akwatin nan, ya shiga kwalekwale da shi, ya hau bayan babbar mota da shi.

Muka rera waƙoƙi shida. Ya saurara da abin ji a kunne, idonsa a rufe, ya ce sun yi kyau. Muka fita shan kunu a gindin mangwaro. Mama tana ɗauraye kofuna a bayan coci, tana rera wani abu ita kaɗai, rabi da Gbagyi rabi da Hausa. Dattijon ya ajiye kofinsa ya nufe ta.

"Mama, waƙar wa ce wannan?"

"Tawa ce. Ba ta coci ba ce, ta hanya ce. Da ita nake zuwa kasuwa."

Waƙar macen da ta ɗauko kaya a kafaɗa ce tun daga gona, yadda matan Gbagyi ke yi, ta gamu da Yesu a hanya, ya ce ta sauke ta huta. Dattijon ya ce mu koma ciki. Na matsa kusa da shi na ce a hankali, "Baba, Hausarta fa ba ta fita sosai." Bai yi fushi ba. Ya ce, "Malama, yawancin masu sauraronmu haka tasu Hausar take. In sun ji ta za su ce 'yar'uwarsu ce." Kunya ta rufe ni, na rasa inda zan sa idona.

Ya tsayar da Mama a gaban makirufo, ya ja ta baya taku biyu saboda ƙarfin muryarta, ya miƙo mini tulun. Ban iya ba. Sau biyu ina ɓata ɗaukar, Mama ta juyo tana dariya ta nuna mini inda ake sa tafin hannu. A na uku ta ja waƙar, muka amsa, har uwar zumunta ta yi guɗa ba shiri. Ya ce a bar guɗar a ciki.

Sai da damina ta wuce aka sa mu a rediyo. Muka taru a tsakar gidanmu, har da matar mai gidan hayarmu, Musulma, wadda ta ce ba za a ba ta labari ba. Daga cikin waƙoƙina shida an sa biyu. Ta Mama kuwa an yi ta maimaita ta wata da watanni. Dattijon ya rubuto wa fasto cewa ana neman ta daga Nijar da Chadi da Kamaru. Da aka karanta wa Mama wasiƙar, abin da ta tambaya kawai shi ne, "Su ma can mata suna ɗaukar kaya a kafaɗa?"

Kafin ƙarshen shekarun nan kaset ya cika kasuwar Suleja, kowace zumunta tana buga nata, masu neman gajeren zango suka ragu. Aka rage lokacin Hausa, daga baya muka daina samun tashar gaba ɗaya. Na ji labarin dattijon ya ajiye aiki ya koma garinsu noma, kunnensa ɗaya ya mutu. Wata da ta je can ta ce ya cika ɗaki guda da faya-fayai, kowanne da sunan ƙauye a jikinsa, kuma duk mawaƙin coci da ya je neman tsohuwar waƙar garinsu yana zaunar da shi ya nemo masa.