Maharazu Mai Fim Ɗin Ruwa

A Kura, in ka ce Maharazu sai an tambaye ka wanne. In ka ce mai fim ɗin ruwa kuwa, kowane mai adaidaita sahu zai kai ka har ƙofar gida.

Ɗan manomin rani ne. Da ya gama sakandare ya kama ɗaukar bidiyon biki, amma sana'ar ba ta yi tsawon rai ba. A bikin wata Mansura ya shafe awa biyu yana ɗaukar takalman da aka tuɓe a ƙofar ɗaki. Sau ɗaya amarya ta fito, shi ma diddigenta ne. Da dangi suka taso masa, ya ce, "Fuska ai kowa yana da ita. Takalmi ne ke faɗin inda mutum ya fito." Daga ranar ko cin shinkafa ba a sake gayyatarsa ba.

Shekarar da tumatir ya yi kwantai, ya riƙa matse ruɓaɓɓen yana zane da shi a jikin buhunan shinkafa. Ya rataye su a katanga ya kira jama'a, sai awaki suka riga jama'a zuwa. Matarsa Mubina ta ce, "Ko ba komai, Malam, an samu masu so."

Babban aikinsa shi ne na ruwa. Ya kafa kyamara a bakin magudanar da ke shayar da gonaki, ya bar ta awa uku. Bilya mai gidan kallon ƙwallo ya ara masa wuri ranar da ba wasa, manoma suka cika benci tunda kyauta ne.

Bayan minti ashirin wani dattijo ya ce, "Ɗan nan, yaushe za a fara?"

"An fara tun ɗazu, Baba."

Can sai ga albasa guda ta zo wucewa a kan ruwa, aka yi ta gardama ko 'yar Bunkure ce. Ana cikin haka wani hannu mai jan agogo ya shigo ta gefen hoton, ya janye buhun yashi, ruwan ya karkata zuwa wata gona. Kowa ya juya ya dubi Malam Jamaluddeen, wanda ya shekara biyu yana cewa kwaɗi ne ke toshe wa masu gonakin ƙasa da tasa ruwa. Malam ya ja hannun riga ya rufe agogonsa, ya ce, "Hannuwa ai suna kama da juna." Sau huɗu aka sa Bilya ya maido wurin.

An yi ta sa wa Maharazu albarka, shi kuwa ya koma gida ransa a ɓace, domin ba wanda ya lura da yadda rana ke wasa a kan ruwan.

Yanzu bidiyon albasa ɗaya yake ɗauka a tsakar gida, yana so ya ga yadda za ta bushe cikin kwana arba'in. A kwana na sha biyu mahaifiyarsa Inno ta sa ta a miya, ta ajiye wata wadda ta fi ta girma a wurin. Maharazu ya daɗe yana kallon hoton, sannan ya kira Mubina ta zo ta ga ikon Allah.