Ƙarshen Fim ɗin Kawu Majigi

Ku da kuka san Kawu Sule Majigi kun san ba ya amsa sallama sai ya haɗa yatsunsa kamar taga, ya leƙo ka ta ciki, sannan ya ce, "Wa ya aiko ka?" Ni ɗan ƙanwarsa ne, a gidana na unguwar Titiwangsa a Maleshiya ya sauka da ya zo aikin ido, amma ni ma kullum na dawo daga koyarwa sai an leƙa ni.

Tun zamanin Turawa yake rubuta finafinan majigi yana ba da umarni: noman auduga, haƙa masai, wanke hannu. Darasi ɗaya aikin ya koya masa, wai babu abin da ke faruwa haka kawai, wani ne ya shirya.

Da korona ta zo, aka rufe gari, aka rufe hanyar komawa Najeriya, sai ya leƙa titi daga bene.

"Ina mutane?"

"Kulle ake, Kawu."

"Kulle! An kwashe su ne za a ɗauki hoto. Mun yi haka a kasuwar Funtuwa. Jira ka ga mai kyamara."

Rannan talabijin ta nuna wata Bamaleshiya tana koya wa jama'a wanke hannu. Sai jin ihu na yi.

"Ɓarayi! Fim ɗina ne! Har cuɗa tsakanin yatsu, ni na ƙirƙiro shi!"

"Alwala fa, Kawu?"

Ya leƙo ni ta tagar nan tasa. "Ashe da kai aka haɗa baki."

To, akwai labari ɗaya da ya shekara da shekaru yana riƙe da shi a ka, bai ɗauka ba, ya kuma ƙi rubutawa don kada takarda ta yi tsegumi: wani ɗan koli da ya bar Gusau yana saurayi, aka daina jin ɗuriyarsa. Kowa ya sha jin farkon. Ƙarshen ne ya hana. Ni kuwa, mai karatun adabi, ƙarshen nan ya tsaya min a rai. Na yi ta lallami har wata rana ya sa na rufe ƙofa, ya raɗa min: a jirgin ƙasa ɗan koli ya dawo, makaho. "Kai kaɗai," in ji shi. Na yi ta tafiya da kafaɗa a sama.

Da cutar ta kama shi aka kai shi asibiti, ba a barin kowa ya shiga. Na kira shi.

"Kawu, ƙarshen nan, shi ne na gaskiya?"

"Rage murya. Nas na nan."

"Ai ba ta jin Hausa."

"Haka suke cewa."

Maganarmu ta ƙarshe ke nan.

Zaman gaisuwa ta waya muka yi shi, kowa a ɗakinsa. Ina shirin buɗe asirina, sai Hajiya Rabi mai atamfa a kasuwar Chow Kit ta share hawaye ta ce, "Ni kaɗai ya gaya wa, a kan jaki ɗan koli ya dawo, da dukiya."

Alhaji Bashir mai yi wa ɗalibai biza ya zabura. "Wane jaki, Hajiya? A ƙafa ne, da matarsa 'yar Sudan!"

Ashe kowa da nasa ya ba shi, don in labarin ya fita ya san bakin wa. Tsohon nan! Muka yi dariya har Hajiya ta ƙware.

Sai da dariyar ta lafa na lura da abin da ya manta bai canza ba. Jirgi ne, jaki ne, ƙafa ce, a bakin kowa ɗan koli ya isa gida.

Shi kuwa a nan muka binne shi, mu kaɗan, da takunkumi a fuska. Allah Ya jiƙan Kawu, Ya haskaka kabarinsa, Ya sauke shi a gidan da ba za a tambaye shi wa ya aiko shi ba. Amin.